Mutumin da Aka Rubuta Masa "Ba Ya Sha"

Aikin jinya a ɗakin kwantar da maza da karatun lafiyar al'umma da na koma yi daga baya sun haɗu sun koya mini abu guda game da giya: yawancin ruɗanin da ke tattare da ita yana ɓoye ne a cikin mutanen da aka rubuta musu "ba ya sha". Haka abin yake a takardun manyan masu bincike, haka yake a katin marar lafiya.

Na masu binciken ne ya fara ɗaure mini kai. An daɗe ana yaɗa cewa shan giya kaɗan yana kare zuciya. A farkon shekarun 1990 zancen ya yi ƙarfi a Amurka da Turai, ana kafa hujja da mutanen Faransa, wai suna cin maiƙo amma ciwon zuciya bai cika kama su ba saboda jar giyar inabin da suke sha. Alƙaluma ma kamar suna goyon bayan haka, domin idan aka bi dubban mutane shekara da shekaru, sai a ga masu shan kaɗan sun fi waɗanda ba sa sha sam tsawon rai. Malaminmu ya zana mana wannan a allo, ya ce kada mu ce ƙarya ce don kawai ba ta yi mana daɗi ba, mu nemo inda kuskuren yake.

Ashe tun 1988 Farfesa Shaper da abokan aikinsa a Landan, waɗanda ke bin lafiyar maza sama da 7,000 a garuruwan Birtaniya, sun gano bakin zaren. Da yawa daga cikin waɗanda aka jera a sahun marasa sha tsofaffin mashaya ne da suka daina saboda ciwo ya riga ya kama su, ko likita ya hana su. An cusa marasa lafiya cikin masu ƙauracewa, sai mai shan kaɗan ya fito tas kamar giyar ce ta raya shi. A 2023 masu bincike a Kanada, ciki har da Tim Stockwell na Jami'ar Victoria, suka sake tace bincike 107 da suka ƙunshi mutum sama da miliyan 4.8. Da suka gyara irin wannan cakuɗa, fifikon da ake ba mai shan kaɗan ya dusashe.

Binciken da ya fi burge ni shi ne na ƙasar Sin da aka buga a 2019, kan mutum kusan 500,000. A gabashin Asiya akwai masu wata halitta ta gado wadda ke sa fuska ta yi ja, zuciya ta tashi, da zarar sun kurɓi giya, don haka ba sa iya sha sosai. Wannan halitta ba ruwanta da arzikin mutum ko iliminsa ko ciwon da ya taɓa yi. Da aka yi amfani da ita wajen kwatance, sai aka ga hawan jini da shanyewar ɓarin jiki suna ƙaruwa ne gwargwadon sha, babu wani mizani da ke kare mutum daga shanyewar. A Janairun 2023 Hukumar Lafiya ta Duniya ta fito fili ta ce babu adadin giya da za a ce ba ya cutarwa. Dama tun 1988 cibiyarta ta binciken ciwon daji ta sa giya a rukuni ɗaya da taba. Rahotonta na 2024 kuma ya nuna mutum miliyan 2.6 ne giya ta yi sanadin mutuwarsu a 2019, miliyan 2 daga ciki maza, kuma Turai da Afirka ne kan gaba idan aka auna da yawan jama'a.

Na san wani zai ce mu da addini ya riga ya yanke mana hukunci, me ya haɗa mu da wannan? Hukuncin yana nan daram, bai jira bincike ba. Amma gadon asibiti ba ya tambayar addini. A arewa akwai al'ummomin da burkutu yake cikin bikinsu da gayyar nomansu, akwai kuma wanda yake sahun gaba a masallaci amma yana da jarrabawar da ko matarsa ba ta sani ba. Shi wannan na biyun ya fi shiga haɗari a hannunmu.

An taɓa kawo mana wani dattijo, tsohon ma'aikaci, ya faɗi a banɗaki ƙugunsa ya karye. Wajen cike kati, matarsa da 'ya'yansa suna tsaye a kansa, aka zo kan tambayar sha. Kafin ya buɗe baki babban ɗan ya ce, "Subhanallahi! Baba ba ya sha." Aka rubuta. A dare na uku hannunsa ya fara karkarwa, gumi ya jiƙa zanin gado, yana fizge robar ƙarin ruwa, yana nuna bango yana cewa ga ƙwari suna saukowa. Iyalin suka ce iska ce, har an aika a ɗauko malami. Likitar da ke aikin dare ta duba bugun zuciyarsa, ta roƙi kowa ya fita, ta ja labule, ta durƙusa dab da kunnensa ta ce, "Baba, ni 'yarka ce, abin da ka faɗa mini nan zai tsaya. Kafin ka zo nan, me kake sha da dare?" Cikin wannan ruɗewar ya faɗa mata. Tun rasuwar uwargidansa ya fara.

Jikin da ya saba da giya kullum, idan aka yanke masa ita farat ɗaya, ƙwaƙwalwa kan tayar da ƙayar baya, galibi tsakanin kwana biyu zuwa uku. Abin kan kai ga farfaɗiya, yana kuma kisa, alhali maganinsa ba ɓoyayye ba ne: magungunan kwantar da jijiya a ƙarƙashin kulawar likita, da bitamin B1, wanda ƙarancinsa a jikin mashayi kan lalata ƙwaƙwalwa ta yadda mutum ba zai ƙara riƙe sabon abu ba. Dattijon ya warware. Iyalinsa kuma ba su ji komai daga bakinmu ba sai abin da shi ya yarda a faɗa.

Daga nan na fahimci cewa yadda ake tambaya shi ne rabin aikin. Hukumar Lafiya ta Duniya tana da jerin tambayoyi 10 da ake kira AUDIT, masu kyau ne, amma ba su da amfani idan surukin mutum yana zaune a gefen gado. Kuma "kana shan giya?" tambaya ce da ke rufe ƙofa. Gara a ce, "Baba, in barci ya ƙi zuwa, me kake sha ya taimaka maka?" A nan ne ake jin labarin ƙananan ledoji da kwalabe masu ɗaci da ake sayarwa a tasha da sunan maganin basir ko ciwon baya. Mutum zai rantse bai taɓa shan giya ba, kuma har zuciyarsa gaskiya yake faɗa, alhali abin da ke cikin ledar barasa ce mai ƙarfi. Hukumar NAFDAC ta sanar da fara hana sayar da giyar leda da ta ƙananan kwalabe a Fabrairun 2024, aka yi ta ja-in-ja da kamfanoni. Ana yawan kawo zancen yara a wannan muhawara, kuma daidai ne, amma ni tsofaffi nake tunawa, domin leda tana shiga aljihun babbar riga ba wanda ya gani.

Tsufa kuwa yana sauya lissafin gaba ɗaya. Ruwan jiki yana raguwa, hanta tana rage sauri, sai abin da mutum ya saba sha yana ɗan arba'in ya riƙa kayar da shi yana ɗan saba'in. Ga maganin hawan jini, ga na suga, ga na barci, kowanne giya na iya rikita aikinsa. Sannan abin da muke kira gigin tsufa mu sallama, ba duka ne na tsufa ba. Kwamitin masana na mujallar Lancet ya sa yawan shan giya cikin abubuwa 12 da za a iya kauce musu don rage wannan cuta a 2020, jerin ya kai 14 a 2024. A Faransa, binciken da aka buga a 2018 kan bayanan asibitoci ya gano cewa cikin mutum kusan 57,000 da cutar ta kama kafin su kai shekara 65, kashi 57 cikin 100 suna da alaƙa da matsalar sha.

Abin da ya fi ci mini rai shi ne ciwon damuwa. Mutum ya yi ritaya, fansho ba ya zuwa a kan lokaci, abokan majalisa suna ta rasuwa, yara sun watse Abuja da Legas. Yana sha don ya samu barci, giyar ta sa barcin ya riƙa yankewa tsakar dare, gari ya waye damuwar ta ninku. Idan aka raba shi da kwalba aka bar shi da kaɗaicinsa, zai koma.

Shi ya sa nake jin tsoron abin da iyali kan yi idan asiri ya tonu: a kulle tsoho a ɗaki, a zubar da abin da aka samu, a ce ya tuba yau-yau. Niyyar mai kyau ce, amma ga wanda ya daɗe yana sha kullum hakan na iya zama ajalinsa. Wurin likita ya kamata a fara zuwa. Asibitocin ƙwaƙwalwa na Barnawa a Kaduna, da Kware a Sakkwato, da na Maiduguri, da Dawanau a Kano suna wannan aiki, kuma dokar lafiyar ƙwaƙwalwa da aka sa wa hannu a Janairun 2023 ta maye gurbin tsohuwar doka ta 1958. Sai dai dattijon ƙauye ba zai yarda a kai shi inda za a ce ya haukace ba. Ƙaramin asibitin garinsu yake zuwa awon jini duk wata, kuma ma'aikacin da ke ɗaura masa abin awon shi ne ya kamata a horar ya san alamun, ya kuma samu ɗaki mai ƙofa da zai yi tambayar.