Kwana 74 a littafin ajami

Abin da ya fara nuna mini cewa na bar gida shi ne kuɗin shayi. A ƙarshen 2019 na sauka Yamai da asuba, bayan mun kwana a hanya tun daga Maraɗi, na tambayi mai shayin bakin tasha nawa ne kofi, ya ce ashirin. Ina ta juya silalla a hannuna, shi kuma ya miƙo hannu ya ɗauki mai lamba 100. A nan da dala ake ƙirga, dala ɗaya sefa 5 ce, sefa 1,000 kuma ita ce jikka. Hausa ɗaya muke yi da mutumin nan, amma wuta kuran ce a bakinsa, makarantar boko lakwal, filin gini kuma shantiye.

Ƙauyenmu yana cikin ƙasar Isa, a gabashin jihar Sakkwato. Ba na son tsawaita labarin daren da 'yan bindiga suka shigo mana. Sun kora shanun mahaifina, sun tafi da yayana, kuma har yau ko rigarsa ba mu gani ba. Da ƙafa muka tsallaka zuwa ƙasar Gidan Rumji, ni da Inna da maiɗakina da yara biyu, a cikin dubban mutanen da suka gudo a shekarar nan. Na bar su wurin dangi a Maraɗi, na taho neman abin kai wa baki. Ba ni da komai sai sana'ar sa tayil da na koya a cin rani, wanda mutanen nan ke ce wa karo.

Na sami ɗaki a Bukoki tare da wasu Adarawa uku. Kullum da sassafe muna kasuwar Katako, inda ake sayar da katako da kwano da rodi, nan masu gini ke zuwa ɗaukar ma'aikata. A hankali na iya gaida Zabarmawa da fofo, na saba da dambu da kopto. Akwai kalma ɗaya ta Zabarmanci da na riƙe tun kafin in san ƙirga: kala suuru, wato sai haƙuri. Ana faɗinta a gidan mutuwa, ana faɗinta in mota ta lalace, an kuma faɗa mini ita sau ba adadi a 2023.

A watan Mayu na shekarar wani ɗan kwangila ya ɗauke mu, mu shida, aikin wani bene a sabbin unguwannin bayan gari. Mun yi da shi a kan jikka biyar a rana, zai riƙa ba mu kuɗin abinci daban, kuɗin aikin kuma sai mai gidan ya biya shi kashi na biyu. Babu takarda, magana ce ta baki da musabaha. Ni dai tun ina almajiri ina da ɗabi'ar rubuta abu, don haka kowace yamma nakan sa a ɗan littafina da ajami: yau Talata, falon sama, kwali goma sha biyu.

Muna cikin aikin sojoji suka karɓi mulki ranar 26 ga Yuli. Kwana huɗu bayan haka ECOWAS ta sa takunkumi, aka rufe iyaka, Najeriya ta yanke wutar da take bai wa Nijar, wadda ita ce kusan kashi 70 cikin 100 na abin da ƙasar ke amfani da shi. Gari ya yi duhu, shinkafa ta yi tsada, kowa na maganar yaƙi. Muka gama aiki a tsakiyar Agusta, kwanana 74, kuɗina jikka 370. Na je wurin ɗan kwangilar na durƙusa na gaida shi, na ce, "Alhaji, yara na Maraɗi, ga damina ta yi nisa." Ya dube ni a gaban mutane ya ce in je ƙasarmu da ta yanke musu kuran ta biya ni.

Dole in faɗi gaskiya a nan, shi kaɗai ya taɓa yi mini wannan gori. A fadar unguwarmu, inda samari ke dafa shayi cikin duhu suna zagin takunkumi, babu wanda ya taɓa juyowa kaina. Mai gidan hayarmu ma wata biyu bai tambaye ni kuɗin ɗaki ba.

Sauran biyar ɗin suka yi ta zarya har suka gaji. Biyu suka karɓi abin da bai kai kwata ba, ɗan Togo da ke cikinmu ya tafi gida, sauran suka ce sun bar shi da Allah. Inna ta kira ni a waya tana kuka, ta ce, "Ɗan nan, baƙo ba ya ja da ɗan gari. Na rasa ɗaya, kada in rasa biyu." Ban yi mata musu ba, amma daren nan ban runtsa ba. Shanunmu sun tafi, babu wanda za mu kai wa ƙara. Yayana ya tafi, babu ƙofar da za mu buga a buɗe mana. Wancan haƙurin dole ne, na haɗiye shi da ɗacinsa. Wannan kuwa mutum ne mai suna, mai gida, mai lambar mota, a garin da ke da hukuma. In na yi shiru a kan wannan ma, da wace fuska zan ce wa ɗana ya yi aiki da guminsa?

Wani ɗalibin Jami'ar Abdou Moumouni da ke gidanmu shi ya nuna mini hanya. Ya ce dokar ƙwadago ta 2012 ta tanadi sufeton ƙwadago, wanda ke kiran ma'aikaci da ubangidansa ya nemi sasanta su, in abin ya ƙi a tura kotun ƙwadago, can ma ba a biyan kuɗin shigar da ƙara. Ya rubuta mini takarda da Faransanci, ya karanta mini da Hausa, na sa hannu. Ranar da zan kai ta na tsaya a bakin ƙofar ofishin kusan awa guda, gwiwata ta yi sanyi. Ɗan Najeriya ne ni, a lokacin da ake cewa sojojin ƙasarmu na iya shigowa. Da na shiga, matar da ta karɓi takardar ta ce, "Malam, zauna," ta tambayi sana'ata da yawan kwanakina.

Sammaci na farko bai zo ba. Na biyu ya aiko yaronsa wai yana tafiya. Kowane zuwa asarar yini ce gare ni, ga aiki ya yi ƙaranci don siminti ya yi tsada. Na sayar da injin yankan tayil ɗina na aika Maraɗi, na koma haya da na wani. A zama na uku ya zo da babbar riga, ya dube ni sama da ƙasa, ya ce bai taɓa ganina ba.

Na fito da littafin. Wani ma'aikacin ofishin da ya yi karatun allo ya karanta shafi bayan shafi, rana da ɗaki da yawan kwali. Alhaji ya ce kowa na iya zama ya rubuta abin da ya ga dama. Sufeton ya tambaye ni ko ina da shaida.

Mutum ɗaya ya faɗo mini a rai, maigadin shantiyen, wani dattijo daga Abalak ta jihar Tawa, wanda ke buɗe mana ƙofa kowace safiya. A ƙarƙashin Alhajin yake ci. Na je na same shi bayan magariba yana hura gawayin shayi, na ce, "Baba, ban zo in sa ka a uku ba. In ka ce a'a, wallahi ba zan riƙe ka ba." Ya daɗe yana zuba shayi daga kofi zuwa kofi. Sannan ya ce, "Ɗana, wace rana ce?"

Ya zo da rawaninsa, ya zauna kusa da ubangidansa, ya ce wannan yaron ya yi aiki tun kafin saukar ruwa har gero ya fara kai, kuma shi ke fara zuwa. Bai ƙara komai ba. Ni dai haƙƙina nake bi, in na samu ni zan ci. Shi kuwa babu dala ɗaya tasa a ciki, ga tsufa, ga iyali a ƙauye. Tun da nake ban ga ƙarfin zuciya irin na tsohon nan ba.

Aka sasanta a kan jikka 250, biya uku, aka rubuta kowa ya sa hannu. Jikka 120 da na bari tana ci mini rai har yanzu, don ba kyauta na yi ba, gajiya ce da tsoron watannin kotu. Kashi na ƙarshe ya shigo hannuna a Maris 2024, watan da Najeriya ta buɗe iyakarta. Na fanso injina, na ɗauko su Inna daga Maraɗi, na sa babban yarona lakwal. Yanzu shi ke karanta mini takardun Faransanci, yana faɗa da 'yan unguwa da Zabarmanci.

Mako biyu bayan shaidar aka sallami Baba daga gadi. Na kai masa jikka 30, ya ƙi karɓa, ya ce in ya karɓa shaidarsa ta zama ciniki. Sai da na yi wata huɗu ina tambaya a Katako kafin in samo masa gadin wani shagon siminti. Duk Juma'a bayan masallaci nakan kai masa sukari da ganyen shayi, wannan kam yana karɓa.