Sedan: garin da Sarkin Faransa ya miƙa takobi

Daga Paris na hau jirgin ƙasa a tashar Gare de l'Est, muka bi ta Reims da Charleville, muka sauka Sedan dab da iyakar Beljiyam. Duk mai son ya gane abin da ya faru ran 1 ga Satumba 1870, ranar da Jamusawa suka ci rundunar Faransa da yaƙi a nan, to ya fara hawa ganuwar tsohuwar fadar garin. Daga can sai ka ga Sedan a cikin kwari kamar tuwo a akushi, tuddai sun kewaye ta, kogin Meuse kuma ya tare hanyar ficewa. A kan tuddan nan Jamusawa suka jera igwogin kamfanin Krupp masu ɗuri ta baya, alhali na Faransa na tagulla ne, ta baki ake ɗura su. Tun da sassafe aka raunata MacMahon, babban kwamandan rundunar Faransa, jagoranci ya koma hannun Janar Ducrot, ya sake komawa hannun Janar Wimpffen, kowa da nasa umarni. Washegari Sarkin Faransa Napoleon na Uku ya miƙa wuya, sojoji fiye da 100,000 suka zama fursunoni.

A ƙauyen Bazeilles da ke kusa da Sedan na fi daɗewa. Gidan da sojojin ruwan Faransa suka yi ta harbi har harsashinsu ya ƙare yana nan, an mayar da shi gidan tarihi, ga ramukan harsashi a bango da rufi. Cikin waɗanda aka kama a ƙauyen har da wani matashin hafsa, Gallieni, wanda daga baya ya jagoranci yaƙe-yaƙen Faransa a Afirka ta Yamma.

Sarki ya sallama, amma ƙasa ta ƙi. Ran 4 ga Satumba mutanen Paris suka tuɓe shi, aka kafa jamhuriya, matarsa Eugénie ta tsere Ingila. Gambetta, minista a sabuwar gwamnatin, ya fice daga Paris da Jamusawa suka yi wa ƙawanya cikin balan-balan, ya je Tours yana haɗa sababbin rundunoni. Jarumta ce, amma ɗanyen soja ba ya ja da ƙwararre. Yunwa ta sa Paris ta sallama a Janairun 1871. Yarjejeniyar Frankfurt ta ƙwace lardin Alsace da wani yanki na Lorraine ta ba Jamus, ta ɗora wa Faransa tarar faran biliyan 5. Jama'a suka yi rububin ba gwamnati rance, aka gama biya a 1873, kafin wa'adi, sojan Jamus na ƙarshe ya fice. Shekara guda kafin nan an riga an kafa dokar aikin soja na tilas, daga 1874 kuma aka shiga gina jerin sansanoni masu ganuwa a sabuwar iyakar gabas.