Kwana 5 da suka fi ƙarfin Alhaji

Shekara 6 ke nan ina haɗa takardun neman kwangila a wani ƙaramin kamfanin gini a unguwar Zariya, nan Maradi. Abin da ya fi koya mini aikin nan shi ne wata kwangilar gina azuzuwan lakkol a wajejen Madarunfa, wadda muka rasa alhali kuɗinmu ne mafi ƙanƙanta.

Ranar buɗe ambulan ina zaune a ɗakin, ana karanta farashin kowa da ƙarfi. Da aka zo kanmu na ga sauran 'yan kwangila suna kallon juna. Na fito na kira Alhaji, mai kamfaninmu, na ce masa aiki namu ne, in Allah ya yarda. Bayan wasu makonni wasiƙa ta zo: an cire mu tun a zagayen tantance takardu, domin takardar shaidar biyan lanho, wadda ake kira ARF, ta wuce wata 3 da kundin gasar ya gindaya. Amma kuskure suka yi. Tsohuwar da ke cikin bayanan kamfani suka duba, sabuwar kuwa tana nan shafi biyu a gaba, ni na saka ta da hannuna.

Na ce, "Alhaji, ranka ya daɗe, mu rubuta ƙorafi yau." Ya ce, "Ɗana, ba a fara magana da manya da takarda. Bari in je in gaishe su." Ya je, an ba shi ruwa, an ce za a duba. Ya koma, aka ce mai sa hannun ya yi tafiya. Haka mako ya shige.

Dokar kwangilolin gwamnati ta Nijar, ta 2016 da wadda ta gaje ta a 2022, ta shata hanya ƙarara, bisa tsarin da ƙungiyar UEMOA, ta ƙasashen Afirka ta Yamma masu kuɗin sefa, ta shimfiɗa wa ƙasashenta tun 2005. Wanda aka cire yana da kwana 5 na aiki ya rubuta wa jami'in da ke da alhakin kwangilar. In jami'in ya ƙi, ko ya yi shiru har kwana 5, sai a ƙara kwana 3 kacal a kai ƙara gaban kwamitin warware saɓani na hukumar da ke sa ido kan kwangiloli a Yamai, wadda aka sani da ARMP, daga baya ta koma ARCOP. In kwamitin ya karɓi ƙara, ana dakatar da ba da aikin har ya yanke hukunci. Kuma kwanan wata yake fara dubawa kafin ya duba wa ke da gaskiya. Lokacin da Alhaji ya yarda in rubuta, ƙofar ta riga ta rufe. Har yau abin na ci mini rai, domin hujjarmu ba ta buƙatar lauya, lambar shafi kawai za mu nuna.

Ba na cikin masu cewa sharuɗɗan nan zalunci ne duka. Na ga ginin da rufinsa ya tashi a damina ta farko saboda an ba wanda bai taɓa ɗora bulo ba. Neman rajistar kasuwanci, lambar mai biyan lanho (NIF), shaidar biyan kuɗin ma'aikata a asusun fansho na CNSS da lasisin gini na ajin da ya dace da girman aikin, duk suna da dalili. Abin da ke ɓata mini rai shi ne in ga kundin da aka ɗinka kamar riga a jikin mutum ɗaya, ana neman manyan injuna don gina azuzuwa 3. Irin wannan ma doka ta yarda a ƙalubalance shi tun kafin a rufe karɓar ambulan, amma yawancinmu sai mun faɗi muke ƙorafi a majalisar hira.

Yanzu kowane shafi ina sa masa lamba, ina cire duk tsohuwar takarda daga kundi. Duk wasiƙar da ta shigo, a goshinta nake rubuta ranar da muka karɓe ta. Bara aka sake cire mu, a kan garantin banki. Alhaji ya ɗauki hularsa zai tafi gaisuwa, na miƙa masa wasiƙar da na riga na buga. Ya karanta, ya sa hannu, ya ce in kai da kaina in tabbata an buga mini hatimin karɓa a kan kwafinmu. A kwana na huɗu suka amsa cewa za a sake duba kundinmu.