Yini Guda a Modderfontein, Gidan Nakiyar Afirka ta Kudu

Shekara 11 ke nan ina aikin fasa dutse a bayan garin Abuja, don haka da tafiya ta kai ni Johannesburg na ƙudura a raina ba zan dawo ba sai na taka Modderfontein. Yayana da ke zaune a unguwar Mayfair ya yi mamaki, ga kasuwanni cike da gari amma ni tsohuwar masana'antar nakiya nake nema. Can ya ce, "To ƙanena, gobe da hantsi mu kama hanya, amma ka ɗauki rigar sanyi." Watan Yuli ne, tsakiyar hunturunsu, ciyawa duk ta bushe, iska na yanka fuska kamar ta Jos a watan Janairu.

Wurin yana arewa maso gabashin birnin, tsakanin Sandton da filin jirgin sama na OR Tambo. Abin da ya fara ɗaukar hankalina fili ne. Mun baro gine-gine a cunkushe, sai ga itatuwa da madatsun ruwa da tsuntsaye, shiru kamar an fita daga gari. Ɗan sana'a ya san dalili. Da gangan aka bar wannan ƙasa babu kowa, domin in wani abu ya tashi a masana'anta kada ya tarar da gidajen mutane. Yau wani yanki nata ya zama gandun shaƙatawa, har mun ga iyalai suna yawo a kan kekuna.

Zinariya ce ta haifi wurin. An gano ta a tsaunukan Witwatersrand a 1886, amma tana cikin dutse mai tauri da diga ba ta iya masa, sai nakiyar da Alfred Nobel ya ƙirƙiro a 1867. Paul Kruger, shugaban jamhuriyar Transvaal ta wancan zamani, ya buɗe masana'antar a 1896, kuma a watan Fabrairun shekarar nan ne jirgin ƙasa maƙare da nakiya ya fashe a Braamfontein, cikin gari, ya kashe mutane gommai. Gwamnatin Kruger ta ba kamfani ɗaya tak izinin wannan ciniki, masu ramukan haƙa suka yi ta kukan tsada, kuma kukan yana cikin abubuwan da suka rura wutar yaƙin da ya ɓarke tsakaninta da Birtaniya a 1899. Attajirin ma'adinai Cecil Rhodes ya sa kamfaninsa na lu'u-lu'u, De Beers, ya gina tasa masana'antar nakiyar a Somerset West, kusa da Cape Town. A 1924 abokan hamayyar suka haɗe, a 1944 kuma kamfanin ya ɗauki sunan da ake taƙaitawa AECI.

Gidan tarihin masana'antar wani tsohon gida ne na zamanin da aka kafa wurin, ba shi da girma, amma na daɗe a ciki har yayana ya fita shan rana. Manajan farko, Franz Hoenig, daga Ostiriya ya zo, gidansa na nan tsaye. Ma'aikatan Turai an zaunar da su ƙauye-ƙauye masu suna irin Holland da Italy da Hamburg. Na tsaya ina tuna abin da malaminmu na aiki ya taɓa gaya mana, cewa a masana'antun Nobel mai gadin tukunyar sinadarin naitirogilisarin kan zauna a kujera mai ƙafa ɗaya, don in gyangyaɗi ya ɗauke shi ya faɗi ya farka kafin zafin tukunya ya wuce kima. Ɗakunan aikin ma ƙanana ake yi, nesa da juna, kowanne an kewaye shi da tudun ƙasa domin ƙarfin fashewa ya yi sama. Duk wanda ya tsara haka ya binne abokan aikinsa, na tabbata.

Wani abu ya tsaya mini a rai. Sunayen manajoji da injiniyoyi ba su da wuyar samu. Baƙaƙen fatar da suka baro ƙauyukansu suka ɗauki akwatunan nakiya a kafaɗa, suka kwana a barikin ma'aikata nesa da iyalansu, su ne na fi son in san sunayensu, don aikinsu ne irin nawa.

Tun 1994 aka daina yin tsohuwar nakiyar a nan. Abin da ake amfani da shi yanzu tushensa sinadarin amoniyam naitiret ne, ɗan'uwan takin zamani, shi ya sa kamfanin ya daɗe da shiga harkar sinadarai da taki, har da na tace ma'adinai da ruwa. Ana kai shi bakin rami a tanka kamar kunu mai kauri, bai zama nakiya sosai ba sai an ɗura shi cikin ramukan da aka huda, sannan a tayar da su ɗaya bayan ɗaya da na'ura mai ƙidayar lokaci ƙasa da ƙiftawar ido. Kayan kamfanin suna aiki har a ramukan zinariyar Ghana da na tagullar Zambiya. Hanya dai har gobe ita ce abin tsoro ga duk mai wannan sana'a. Mutanen Apiate a yammacin Ghana sun gani a Janairun 2022, lokacin da motar nakiyar wani kamfani daban ta fashe ta rushe ƙauyensu.

Mun yi sallar azahar a bakin wata madatsa, jirgin ƙasa na Gautrain na wucewa can nesa zuwa filin jirgi. Yayana yana naɗe darduma ya ce, "Ƙanena, a wurin aikinku tazarar nawa ce tsakanin dutsen da gidajen mutane?"

Na ce, "Yaya, lokacin da na fara aiki sai ka yi tafiyar rabin awa a ƙafa. Yanzu in mun busa jiniya, ina hango mata suna kwashe shanya."