Tarihin Rayuwata, Kashi na 14: Zango na Biyu

Makon jiya na tsaya a inda Baba ya kwaso mu daga Kumasi zuwa unguwar Bronx ta birnin New York a 2007. Na so yau in shiga maganar auren Yaya, amma sanyin nan ya tayar mini da gwiwa, ita kuwa in ta motsa ba na iya tuna komai sai besbol.

Yaran Jamhuriyar Dominikan na layinmu ne suka koya mini. A lokacin kowa so yake ya zama Robinson Canó, ɗan ƙasarsu da ke tsaron tasha ta biyu a Yankees, ƙungiyar besbol ta Bronx. Ni zango nake kiran tashoshin nan huɗu da mai bugun ƙwallo ke zagayawa da gudu, ɗan zango ne ni ai. Tsakanin kowane zango da na gaba ƙafa 90 ne. An ajiye ni a na biyu don hannuna ba ya jifa mai nisa, ba don an ga wata baiwa ba.

Babban aikin wurin shi ne fitar da mutum biyu a bugu ɗaya. Akwai mai gudu a zango na ɗaya, sai a bugo ƙwallo tana birgima zuwa wajen abokin tsaronka na dama, shi kuma ya jefo maka. Kai ka riga ka sheƙa, ka ɗora ƙafar hagu a kan zangon, ka buɗe hannu biyu daidai ƙirji. Ba a damƙe ƙwallon da safar hannu, taɓawa kawai take yi ta faɗa hannun dama, ka juya ka wurga zango na ɗaya kafin mai bugun ya isa. Daƙiƙa huɗu da 'yan kai gare ka. Duk wannan kuma ga ƙato nan ya taho da gudu zai zame ya kwashe maka ƙafafu, kana jin takunsa ba ka ganinsa.

Kawu, da ke tuƙin tasi, sau ɗaya ya tsaya kallonmu. Ya ga na saki ƙwallo sau uku don ina son jifa kafin in kama. Bai san dokar wasan ba ko kaɗan, amma a mota ya ce, "Kai yaro, sauri ya haifi nawa." Na bi maganar nan, hannuna ya gyaru. Baba kuwa bai taɓa zuwa ba. Wasan gora yake ce masa. Ko a 2009 da Yankees suka ci kofi unguwa ta ɗauka, tagar ɗaki ya rufe.

Ranar da abin ya faru ina ajin ƙarshe na sakandare. Abokin tsarona ya tsaya gyara riƙo, ya jefo mini ƙwallon a makare, a ƙasa kuma. Na sunkuya ina jira, ƙafata a kafe. Sai ji na yi ƙas! Ina kwance ina riƙe da gwiwa kociya ya zo kaina, ya ce ni na yi nawa. Ni! Wanda ya makara yana tsaye bai ce uffan ba, har yau kuma bai ce ba, ga shi muna haɗuwa a shagon aski.

A 2015 ina kallo a talabijin Chase Utley na ƙungiyar Dodgers ya zame ya karya ƙafar Rubén Tejada na ƙungiyar Mets, shekara na zagayowa aka canza dokar zamiya. Na kira Kawu na ce, to ga shi, ashe ba laifina ba ne. Ya yi dariya ya ce, "Sauri ya haifi nawa." Na ce Kawu, ai wannan karon nawa ce ta karya ni, kuma ba tawa ba. Ya ce fasinja ya shigo, zai kira ni.

Safar hannun tana nan a ƙasan akwatin Inna. Ta ɗauka ta aikin gini ce, ta ajiye mini ko wata rana zan buƙata.