Ƙwaryar da ke nuna jiya da gobe

Yau da yamma wuta ta ɗauke, sai ɗan yayata ya tara mu a tsakar gida wai zai ba mu labarin da ya ƙirƙiro. A ƙasar tasa ta aljanu akwai wata ƙwarya cike da ruwa: ka juya ruwan da yatsa ta dama ka ga gobe, ta hagu ka ga jiya. Sai dai duk ranar da ka leƙa, za a zare ta daga kwanakinka na duniya. Nan fa gardama ta kaure. Yayata ta ce gobe za ta leƙa ta ga farashin shinkafa kafin azumi, aka kwashe da dariya. Na ce, to kai mai ƙwarya, ina za ka juya? Ya ce, "Hagu mana, Kawu. Ina son in ga Kaka tana yarinya, tana tallan gyaɗar da kuke ta faɗa."

Don in kauce wa maganar, na gaya masa ai ko yanzu jiya muke gani, tunda hasken rana sai ya yi tafiyar minti 8 da ɗoriya kafin ya iso mana, na wasu taurarin kuwa ɗaruruwan shekaru. Ya ce, ashe ke nan wanda ke can nesa yana iya hango ta da ranta yanzu haka? Wallahi ban shirya wa wannan tambayar ba. Mutanen da suka san ta tana yarinya saura ƙanwarta kaɗai a ƙauye, kuma ban taɓa zama na tambaye ta komai ba.