Kogin Maidau: inda aikin laka ya kwana a mako na huɗu

'Yan'uwa masu koyon ƙaga duniyar labari, samfurin Kogin Maidau da ake ginawa da laka a kan allo ya samu gado da gaɓa, kuma ruwa ya bi ta cikinsa gaba da baya bai kwanta a tsakiya ba. Ga wanda bai ji farkon zancen ba, Maidau kogin ƙage ne, babu shi a taswirar kowa. Duk shekara gabas yake gangarawa, amma daga daren da aka yi ruwan shuka sai ya juya yamma har kwana bakwai, ya dawo wa mutane da abin da ya ci musu. Ladansa ɗaya ne: wanda ya ɗauki kayansa zai manta sunan mutum guda da ya sani, kuma ba shi ke zaɓa ba.

Siffar an aro ta ne daga Kogin Haɗeja, tunda shi muka sani da ido. Ruwan Kano da na Challawa ne ke haɗuwa, su wuce Wudil da Ringim su nufi Haɗeja, inda ƙasa ke shimfiɗewa ruwa ya watsu cikin fadama. Shi ya sa kan allon na yamma ya zama matsattse, na gabas kuma aka buɗe shi rassa uku. Madatsa irin ta Tiga, wadda aka gama a 1974, ba a sa ta ba. Kogin da aka ɗaure ba ya juyawa.

Allon katako ne, tsawo santimita 120, faɗi 60, kauri 2. A shafe shi da fentin mai ya bushe, in ba haka ba danshi zai lanƙwasa shi. A buga ƙananan ƙusoshi tazarar taƙi ɗaya, a bar kawunansu a waje su riƙe laka, domin yumɓu yana tsukewa in ya bushe, sai ya saki katako. A ƙarƙashi, daidai tsakiya, a sa guntun bututun ƙarfe yadda allon zai iya rinjaya gabas ko yamma, ruwa ya bi inda ya rinjaya. Ɗaga gefe ɗaya da santimita 3 ya isa. In ya haura 5, ruwa kwasar gaɓa yake yi.

Kwaɓin: yumɓu kwano uku, yashi mai laushi kwano ɗaya, ɓuntun shinkafa rabin kwano. A rufe da jiƙaƙƙen buhu ya kwana biyu kafin a ɗora. Kauri kada ya wuce yatsa uku, kuma a inuwa zai bushe. Wanda ya shanya a rana don sauri zai tarar da shi ya tsattsage kamar fadama a bazara.

Gadon kogin ne ya fi cin lokaci. Shafa ruwan siminti a kan ɗanyen yumɓu bai yi ba, ɓarewa yake kamar ƙanzo, saboda yumɓun na motsi simintin kuwa ba ya yi. Abin da ya riƙe shi ne a fara gina gadon shi kaɗai, siminti ɗaya yashi uku, faɗi yatsa huɗu, zurfi yatsa biyu, a riƙa yayyafa masa ruwa safe da yamma har mako guda, sannan a kawo laka ta jingina da shi. Gaɓar kuma a yi mata makuba sau biyu. Babban kuskure shi ne a yi wa gadon gangara a jikinsa. Ranar da aka juya allon, ruwa zai taru a wuri ɗaya ya ƙi tafiya. Gwajin mai sauƙi ne: a daidaita allon, a toshe bakunan gabas da na yamma, a zuba kofi ɗaya. In zurfin ruwan ɗaya ne daga wannan kai zuwa wancan, an dace.

Allon ya gyara labarin a wuri biyu. An zuba ɗan garin katako a ruwan don a ga yadda yake tafiya, sai duk ya taru a cikin lanƙwasar kogin, inda ruwa ba shi da ƙarfi. To nan ne kayan da kogin ya dawo da su za su riƙa tsayawa, don haka gidan Sarkin Ruwa da kasuwar tsintuwa suka tashi daga bakin gada suka koma can. Na biyu, ƙoramu suna shiga kogi ne suna fuskantar gabas, da ruwa ya juya sai ya kutsa cikinsu ya yi ambaliya. Ke nan ƙauyukan bakin ƙorama su ke shan wahalar kwana bakwai ɗin, mutanen birni su ci riba. Rikicin da labarin ya rasa ya samu a nan.

An kuma yanke cewa Maidau ba ya dawo da mai rai. Barin wannan ƙofa a buɗe zai jefa marubuci cikin abin da ba huruminsa ba, kuma zai kashe tsoron kogin. Sunayen da aka manta kuwa gaiwa ce ke haɗiye su, tunda dama ita ce kifin da ke shiga laka ta yi rani a ciki, sai ruwa ya dawo ta fito. Mai neman sunan da ya ɓace masa sai ya haƙa fadama da rani, ya yi sa'a ya tono tasa.

Saura kachala, doguwar ciyawar nan ta fadama, da za a yi da tsinken tsintsiya, da kwale-kwale na ɓargon karan dawa. Bakin yamma har yanzu yana yoyo ta inda siminti ya haɗu da katako, za a gwada liƙe shi da kwalta a mako mai zuwa.